Na Yi wa Dogo Kara

Yaya,

Gaisuwa mai yawa. Ya jikin Inna, ya yara? Ƙafar taki ta daina kumburi?

Kin tambayi inda aka kwana kan kujerar shugaban ɗakin gwajin ruwa. To, na shigar da ƙara. Kin san ni na zo ta ɗaya a jarrabawar, amma hukuma ta naɗa Dogo, ɗan ƙanwar darakta, yaron da ni na koya wa riƙe kwalbar gwaji.

Abin da ya ɗaure mini kai, lauyata ko kallon makina ba ta yi ba. Tambayarta ɗaya: ina nake tun bara? Na ce a makon da aka naɗa shi mahaifinsa ya rasu, wa zai aika wa mai makoki sammaci? Da ya dawo aiki muka shiga ofishinsa mu duka muka yi masa barka. Sai kuma matarsa ta kwanta asibiti. Lauyar ta cire tabarau ta ce, “Baiwar Allah, kotu ba ta san kara ba.” Wai irin wannan ƙara tana da wa'adi, kamar madarar gwangwani. Kin taɓa jin haka?

Ki sa ni a addu'a.

Ƙanwarki,
Auta

Yaya,

Ina fatan kuna lafiya. Na ji Inna ta fara cin abinci, alhamdu lillahi.

An kori ƙarar. Na zauna a benci na gaba don in fahimci yadda ake yi, kin san ni da bin diddigi. Lauyan hukuma ya ɗaga hoton ranar barka, ga ni nan kusa da Dogo, haƙora a waje. Wai hujja ce na amince da naɗin. Alƙali bai ce ba ni da gaskiya ba. Cewa ya yi na makara: mutum ya zauna a kujera, ya sa hannu a sakamakon gwaji ba iyaka, an ɗauki wani a tsohon gurbinsa, in an taɓa shi yanzu duk za su motsa. Har aka tashi ba wanda ya tambayi wa ya ci jarrabawa. Ya yi mini ciwo, ba zan ɓoye miki ba.

A bakin matakala Dogo ya tare ni, ya kasa haɗa ido da ni. Ya ce, “Wallahi Anti, tun makon farko nake jiran sammacinki. Ni ba zan iya ce wa Kawu a'a ba, amma da kotu ta ce, da na sauka ban ja ba.”

Yaya, ashe ina ta tausaya masa ne, shi kuma yana can yana jiran in cece shi.

Gobe ni zan kai masa sakamakon rijiyoyi ya sa hannu. Ki gaida Inna, kada ki faɗa mata tukuna.

Taki,
Auta