Na Tsawata wa Talabijin

Daren Laraba, watan Rajab, Kankiya

Yau na bi jama'a gidan kallo, wurin talabijin ɗin da gwamnati ta kawo mana. Wasan kwaikwayon wani ɗan karta ne, an cinye masa kome, ya ce zai aza gonar ubansa. Ni da na saba tanka wa mai ba da labari, sai na miƙe na ce, "Kai, bawan Allah, kada ka aza!"

Aka fashe da dariya, ban da ƙanena Sule. Haka shi ma ya aza gonarmu ta Dudunni a karta shekarun baya aka cinye, ina tsaye a kansa ban ce uffan ba.

A bakin ƙofa ya dube ni ya ce, "Yaya, sai yau ka samu baki?"