Hannun da Bai Kai Kunne Ba

Yaya Sani,

Gaisuwa mai yawa. Ina fatan kana lafiya, kai da iyali. Ya sanyin Jos?

Makon jiya muka ɗauki sababbin 'yan elementare. Wanda hannunsa ya taɓo kunne ta bisa kai, ya isa shiga. Ɗan wani mai itace bai taɓo ba, na ce sai baɗi. Ɗan wani attajiri ma bai taɓo ba, amma na rubuta shi. Wai ni ne hedimasta!

Kullum a Ƙofar Doka nake ganin ɗan mai itacen a gefen jakin ubansa. Da ya hango ni sai ya ɗora hannu a ka, yana lalubar kunne.

Gai da Inna. Ka roƙa mini gafara, Yaya. Baɗin nan ta yi mini nisa.

Ƙaninka,
Garba