Cigiyar Saniyar Tsoho Hoskins

Mama,

Ina gaishe ki da kyau. Ya ƙafar Baba? Ya ƙanena Lonnie da rigimarsa? Ni lafiya lau nake a Kentucky. Kewar gida ma ta ragu, sai dai lokacin cin abinci.

Ashe gaskiyarki ce, gidan rediyon Kawu Dewey akurkin kaji ne kafin Kaka ya kafa eriya. Har yanzu yana wari idan an yi ruwa. Aikina goge fayafayan waƙoƙin jita.

Ran Talata mura ta sa muryar Kawu ta dishe, ga saniyar tsoho Hoskins ta ɓata, ita kaɗai gare shi. Kawu ya turo mini makirfo, ya raɗa mini, "Ardith, ko ki buɗe baki, ko saniya ta kwana a daji." Sai na karɓa na karanta cigiyar. Can sai wata mata ta bugo waya: "Ga ta tana cinye mini kabeji! Ku zo kafin in yi farfesunta!"

Yanzu ni ke karanta cigiya kullum. A aiko mini da rigar sanyina. Kawu ya ce muryar tasharmu ba ta haye duwatsun nan, amma duk da haka, idan na gama sai na ce, "Ina kwana, Mama."

Allah ya bar mu tare.

'Yarki,
Ardith