Ya Ko Ta, a Bakin Tulu

Ruga, gefen Gwagwalada
Satumba, 1964

Zuwa ga Enoch na Orozo,

Bayan gaisuwa, don al'ada ce, ba don zuciyata ta so ba.

Tulun da matarka Alice ta gina mini ya yi magana. Ku kuka ce tagwaye ne, ɗaya a wurina ɗaya a wurinka, idan masifa ta auku za ka yi magana a naka ka fasa shi, muryar ta komo baya ta same ni kafin abin ya faru. To ta same ni. Ranar kasuwa da hantsi tulun ya tsage, na ji muryarka tar: "Kada ka bari ya tsallake Usuma yau."

"Ya" ka ce. Ɗa namiji ɗaya gare ni, Kawu. Na hana shi kai shanu ƙetaren kogin. 'Yar farina kuwa ta ɗauki ƙwaryar nononta ta tafi, har ina ce mata ta yi sauri. Ruwa ya taso tana tsakiya. Ƙwaryar kawai muka samu.

Tun muna samari nake gaya maka mace "ta" ce, namiji "ya", kana dariya kana cewa Hausa ba ta ubanka ba ce. Ni ma ba ta ubana ba ce, amma na koya. Bakinka ya kashe mini 'ya, Enoch.

Ibrahima

*

Orozo
Satumba, 1964

Abokina Ibrahima,

Ina gaishe ka da gaisuwar rashi. Allah ya ji ƙan Mero. Alice ya yi kuka har ya kasa cin abinci.

Amma ka zage ni a kan abin da ban yi ba tukuna. Tuluna yana nan bayan rumbu, ko tsagewa bai yi ba. Maganar da ka ji, ban faɗe shi ba har yanzu. Ka gane? Hanya yana nan. Idan na faɗa daidai, Mero zai zauna a gida ranar nan.

Alice ya ce abu biyu. Tulu ba ya ɗaukar sunan mutum, in an sa suna muryar zai mutu a hanya. Kuma sai an fasa kafin damina ya ƙare, in ƙasa ya bushe shi ke nan.

Ka huce, ka gaya mini abin da zan faɗa.

Naka,
Enoch

*

Ruga
Oktoba, 1964

Enoch,

Gaisuwa.

Na huce? A takardarka ɗaya ka mai da matarka namiji, ka mai da damina namiji, yarinyar da nake kuka a kanta ita ma ba ka bar ta ba. Da wannan bakin za ka cece ta?

Uwarta ba ta magana da ni. Kawu ya daina shiga ɗaki in ina ciki, wai shi aka zaɓa aka bar yayarsa. Ruwan sama kuma ya fara ja da baya, ina ganin ciyawa tana sauya launi ina jin kamar in kama hadari da hannu.

Ga abin da za ka faɗa: kada ka bari TA tsallake. Ka je gona ka yi ta maimaitawa, ka faɗa wa doya, ka faɗa wa akuya, har harshenka ya miƙe. In ka sake kuskurewa kada ka ƙara tako rugata, ko gawata ban yarda ka gani ba.

Ibrahima

*

Orozo
Oktoba, 1964

Ibrahima,

Ina gaishe ka, ko da kai ka mai da gaisuwa kamar jifa.

Ni ma ina da fushi, ba kai kaɗai ba. Mero a bayan Alice ya yi barci lokacin da kuka yi rani a nan. Ka daina mini magana kamar jaki.

Na maimaita "ta" har yara suna bina suna dariya. Sai Alice ya tsayar da ni, ya yi mini tambayar da ya hana ni cin tuwo. Ya ce, wa ya gaya muku kuskure ka yi? In fa Kawu ne ruwa ya fara ci, Ibrahima ya zo yana kuka, ka faɗi "ya" daidai, ka ceci yaron, ruwa ya ɗauki Mero a madadinsa? Yanzu in na ce "ta", za ka tsare Mero, ka ce wa Kawu ya yi sauri. Ka san halinka.

Ba zan zaɓa maka tsakanin 'ya'yanka ba. Akwai kalmar da ba namiji ba mace, ko ni ba na kuskure shi. Gobe zan fasa tulun. In ka ga dama ka tsine mini.

Naka duk da haka,
Enoch

*

Ruga, gefen Gwagwalada
Agusta, 1964

Zuwa ga abokina Enoch,

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan gona ta yi kyau.

Wane irin wasa ne wannan? Jiya ranar kasuwa tulun Alice ya tsage, ka kwarma mini ihu: "Kada ka bari SU tsallake Usuma yau!" Su wa? Shanu? Yara? Baƙi? Ko bayani babu. Dole na tsare kowa da komai a gida. Shanu suka wuni suna kuka, nono ya yi tsami ya lalace, tulu mai kyau ya tafi a banza. Ruwa dai ya taso da azahar, na yarda, amma yarana ba yau suka fara tsallake Usuma ba.

Ka zo ka yi mini bayani da bakinka. Kawu yana gaishe ka. 'Yar farina ta ce ba za ta gaishe ka ba, kai ka ja mata asarar nononta. Ga ta nan zaune tana harara ta.

Naka,
Ibrahima