Kiran Bayan Injin

Zuwa ga Yaya,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kina lafiya, ke da maigidan da yara. Ya ƙafar Inna? Ki ce mata na samu aiki a ɗakin wankin wani otal, can ƙasan ginin inda babu taga. Zanin gado nake gogewa tun safe har yamma.

Mutanen nan ba su da laifi, amma harshensu ya ƙi sunana. Shugabarmu ta gwada sau biyu, ta kusa shaƙewa, yanzu da yatsa take nuna ni. A katina na izinin zama ma an rubuta abin da ko Inna da ta haife ni ba za ta gane ba. Wata uku, Yaya, ba wanda ya kira ni. Ban san abin yana da ciwo haka ba.

Jiya da azahar ina ninke kaya ni kaɗai, sai na ji an kira sunana daga bayan injinan busarwa, sak yadda kuke faɗa a gida, har da jan ƙarshen. Na leƙa, bango ne kawai. Inna ta hana mu amsa kiran wanda ba mu gani ba, don haka na ja bakina. Amma wallahi daɗi na ji.

Ki gaida kowa.
Autar Inna

Yaya,

Ina gaisuwa, ina fatan kowa lafiya. Wannan kada Inna ta ji.

Kwana tara ana kira. Ranar Talata kewa ta ci ƙarfina, na ce na'am. Ba abin da ya faru, kiran ne kawai ya tsaya.

Jiya na je ofishin baƙi sabunta izinin zama. Ma'aikaciyar ta ce in faɗi sunana ta gyara kuskuren katin. Na buɗe baki, wayam. Ina tune da naki, da na Inna, har da na maƙwabta, nawa ne babu. Sun ba ni mako biyu, in ban koma da shi ba takardar ta mutu. Don Allah ki rubuto min shi da manyan baƙaƙe. Tsoro nake ji.

Sai abu ɗaya. Yau muryar ta dawo, amma ba ni take nema ba. Sunanki take gwadawa a hankali, kuma da muryata. In kin ji na kira ki daga tsakar gida, Yaya, ban dawo ba. Ko kuka nake yi, kada ki amsa.

Allah ya tsare min ku.
Ni ce,
ƙanwarki