Bugu Uku a Kafaɗar Jarumi

Yaya Tsuneo,

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan sanyin Sendai ya sassauta maka.

A watan gobe za a rushe tsohon ɗakinmu na ɗaukar fim. An ce mu biyu mu zo mu yi sallama da shi, ni da na sa rigar jarumi, kai da ka yi shekara goma sha ɗaya cikin ta dodo. Rigarka tana nan, robar duk ta tsattsage. Ina kewar zamanin nan ƙwarai. Ina roƙonka ka zo.

Ƙanenka a sana'a,
Genzo

*

Genzo, sarkin ladabi,

Lafiya lau, in ban da tari.

Kewa? Ni har warin rigar nan nake kewa. Kilo saba'in, ba iska, ba a jin maganarka, yara na murna ana jibgata kowane mako. Shi ya sa muka yi ƙa'ida: bugu uku a kafaɗa, a tsaya, mutum na shaƙewa.

Ranar da muka rushe garin kwalin nan da aka yi wata biyu ana haɗawa, hayaƙi ya cika rigata. Na buga maka uku. Ka ci gaba da kirɓata har darakta ya ce ya isa. Tun ranar huhuna bai sake ɗaukar rigar ba. Ka ce wa kowa ba ka ji ba, ni kuma na yi shiru shekara arba'in.

Ka ji ko ba ka ji ba? Sai na ga amsa zan sayi tikiti.

Ka gaida matarka Fumie.
Tsuneo

*

Yaya,

Ina gaisuwa, kaina a ƙasa.

Na ji. Duka ukun. Garin nan sau ɗaya yake rushewa, kuma saura kiris a gama. Sai na zaɓi fim. Ko matata Fumie ban taɓa faɗa wa ba.

Ka huta lafiya.
Genzo

*

Genzo,

Wasiƙarka ta iso, sannu da ƙoƙari.

Jiya na sake kallon wurin a fim ɗin. Faɗuwar da na yi a cikinsa ta gaske ce, ban taɓa yin mai kyanta ba, abin haushin ke nan.

Ban ce na yafe ba tukuna. Ka tarye ni a tasha ranar Asabar. Ka zo da keken marasa lafiya, yanzu ba na iya taku ashirin, kuma kai za ka tura.

Sai mun haɗu.
Tsuneo