Hoton Kugan a Kan Dandamali

Kurunegala

Vasugi,

Bayan gaisuwa, da fatan kin isa gida lafiya. Jiya mutanen hukumar wasanni suka zo suka karɓe lambar tagullar da na ci. Sun ce mu huɗun duka an soke nasararmu, tunda tseren miƙa sanda ba na mutum ɗaya ba ne. Babana ya ba su shayi.

Ni na miƙa miki sandar a zagayen ƙarshe. Ina tsaye gefenki a kan dandamalin karɓar lambobi lokacin da kika zaro hoton yayanki daga riga, kika ɗaga wa masu ɗaukar hoto. Gwiwata ta gama aiki, kin san ba zan sake gudu ba. Ɗakinmu ɗaya a masaukin, me ya hana ki gaya min?

Ki gaida mama.
Nilmini

Vavuniya

Akka Nilmini, yayata,

Ina gaishe ki da girmamawa. Da na gaya miki, dole ki zaɓa: ki kai ƙarata ko ki zama abokiyar laifi. Da suka titsiye ki, kika rantse ba ki sani ba, gaskiya kika faɗa.

Ina aji uku aka tafi da yayana Kugan a wata farar mota, bai sake dawowa ba. Tun lokacin mama ke zama a rumfar bakin titi tare da sauran iyaye, kowacce da hoton ɗanta da ya ɓata a cinya, motoci na wucewa. A kan dandamali kuwa duniya ta kalle shi. An dakatar da ni. Har yanzu babu labarinsa. Ba zan ce ki yafe min ba.

Ƙanwarki,
Vasugi

Kurunegala

Vasugi,

Gaisuwa. Sun kawo takarda mai cewa kin ci amanar ƙasa, wadda ta sa hannu za a ba ta aikin horar da 'yan gudu. Sauran biyun sun sa. Ni ma na sa ranar Talata. Gara ki ji daga wurina kafin jarida.

Mijin ƙanwata yana aiki a inda ake tono tsofaffin kaburbura a arewacin ƙasar nan, ana neman waɗanda aka ɓatar. Aiko min da hoton.

Nilmini

Vavuniya

Akka,

Na gode, ga shi. Mama ta ce hoto ba zai yi wa mijin ƙanwarki amfani ba, ƙasusuwa yake tonowa. Ki gaya masa Kugan ya taɓa karya hannun hagu, kusa da wuyan hannu.

Ki huta lafiya.
Vasugi